Tsakanin Rauni da Ƙofar Asibiti: Abin da Fagen Yaƙi Ya Koya wa Likitoci

Mutumin da harsashi ya sama, ko ƙarfen mota ya yanka, ajali ba ta ƙofa ɗaya yake zuwar masa ba, kuma kowace ƙofa da lokacinta. Idan babbar jijiyar cinya ce ta tsinke, jini kan iya ƙare masa cikin 'yan mintuna, tun jama'a ba su gama taruwa a kansa ba. In ya tsallake wannan, akwai jinin da ke tsiyaya a cikin ciki ba a gani, daga hanta ko saifa, wanda kan ɗauki awa ɗaya ko biyu: jiki ya yi sanyi, gumi ya karyo, yana ta neman ruwa, yana amsa maka magana har ya daina amsawa. In ya tsallake wannan ma, ciwon zai jira shi zuwa kwana uku ko mako, ya kumbura, ya tara mugunya, ya ruɓe. Soja kuwa yana da ƙofa ta huɗu wadda babu ruwanta da makami, wato atuni da zazzaɓi da amai da gudawa na zaman sansani.

Abin da ya fi tsaya mini a rai cikin tarihin likitancin soja shi ne, daga can ƙarshe aka faro gyaran. An fara shawo kan cutar sansani, sannan ruɓewar ciwo, sannan jinin da ke kashewa cikin awoyi. Mintunan farko, waɗanda maganinsu bai wuce tafin hannu da ƙyalle da guntun sanda ba, sai bayan shekarar 2000 manyan rundunonin duniya suka ba su haƙƙinsu. Ina ganin mu ma nan Kumasi wannan doguwar hanyar muka ɗauka, alhali wasu sun riga sun biya kuɗin karatun da rayukan 'ya'yansu, cikinsu har da kakanninmu.

Ba wai mutanen da ba su san jini na kisa ba ne. Ranar Uhudu, da aka ji wa Manzon Allah (SAW) rauni a fuska, Sayyidina Aliyu na zuba ruwa, Nana Faɗima na wankewa. Da ta ga ruwan ƙara jinin yake yi, sai ta ƙona guntun tabarma ta danna tokar a wurin, jinin ya tsaya. A yaƙin Handaƙ, shekara ta 5 bayan Hijira, kibiya ta sami Sa'adu ɗan Mu'azu a jijiyar hannu. Aka yi masa lalas, aka kwantar da shi a tantin Rufaida, matar da ke jinyar masu rauni, wanda ke cikin masallaci domin a riƙa duba shi daga kusa. Bayan kwanaki jijiyar ta sake ɓallewa, jini ya kwarara har Allah ya karɓi ransa. Likitocin tiyata na yau sun san irin wannan ɓallewa ta biyu, kuma har yanzu suna tsoronta. Daga baya likita Az-Zahrawi na Kurɗuba a Andalus, wanda ya rasu wajen 1013, ya rubuta yadda ake cire kibiya da yadda ake ɗaure jijiya da zare, ya kuma ce kafin komai a ɗora yatsa a bakin jijiyar a danne. Ilimin dai yana nan tun tuni. Abin da aka rasa shi ne tsarin da zai kai shi wurin da mutum ya faɗi, a daidai lokacin da ya faɗi.

Da albarushi ya shigo yaƙe-yaƙen Turai sai lamarin ya ƙara dagulewa. Raunin bindiga bai yi kama da na takobi ba: baki ƙarami, nama a dagargaje, ga tsumman riga da harsashi ya tura ciki, bayan kwanaki sai wari. Manyan malaman tiyata na lokacin suka yanke hukuncin cewa albarushi dafi ne, maganinsa kuma a tafasa mai a kwarara cikin ramin ciwon. A 1537 wani saurayi Bafaranshe, Ambroise Paré, wanda wanzanci ya koya, ya bi rundunar ƙasarsa zuwa arewacin Italiya. Wata rana masu rauni suka yi yawa har man ya ƙare. Waɗanda suka rage sai ya kwaɓa musu gwaiduwar ƙwai da man fure da wani ƙaron itace ya shafa. Daren nan bai runtsa ba, yana ganin da hannunsa ya kashe bayin Allah. Tun da asuba ya fita dubawa. Ya tarar waɗanda aka shafa wa kwaɓin sun yi barci, ba kumburi, zafin da sauƙi. Waɗanda aka zuba wa tafasasshen mai kuwa suna ta birgima da zazzaɓi, ciwonsu ya kumbura. Daga ranar bai ƙara ƙona kowa da mai ba. An san shi da cewa shi ɗauri kawai ya yi, Allah ne ya warkar. A wurina darajarsa ita ce ya dubi rukuni biyu da idonsa, ya gaskata abin da ya gani ko da ya saɓa wa malamansa. Har yau a garejojin garin nan yaro kan yanke a ce a zuba masa man birki, a karkara kuma a cusa ƙasa ko kashin shanu, duk a bisa tunanin cewa sai abu ya yi zafi ko ya toshe ramin yake magani.

Wanda ya fara yi wa lokaci kallon abokin gaba shi ne Dominique Larrey, babban likitan rundunar Napoleon. Kafin shi, mai rauni kan kwanta inda ya faɗi har a tashi daga yaƙi, wani lokaci kwana guda ko fiye. A shekarun 1790 Larrey ya shirya ƙananan kekunan doki masu sauri da ke shiga fili ana tsakiyar fafatawa su kwaso mutane. Ya kuma kafa ƙa'idar cewa wanda rauninsa ya fi tsanani shi za a fara dubawa, ko janar ne ko kurtu, ko ma na abokan gaba ne. Wannan ƙa'ida ita ce kakar launukan nan, ja da ruwan lemo da rawaya, da ake raba majinyata da su a sashen gaggawa na asibitin Komfo Anokye, wanda kowa ke kira Gee. Dangi kan ji zafi idan wanda ya zo bayansu ya riga su shiga, amma da layin zuwa za a bi, da wanda jini ke zuba a cikinsa ya mutu a kan benci.

Sai dai duk ƙoƙarin irin su Larrey, a ƙarni na 19 cuta ta fi makami kashe soja nesa ba kusa ba. A yaƙin Kirimiya na 1853 zuwa 1856, inda Florence Nightingale ta yi suna, haka abin yake. A yaƙin basasar Amurka, kusan biyu cikin kowane uku da suka mutu cuta ce ta kashe su. Mu nan muna da namu shafi a wannan babi, kuma ba mai daɗin karantawa ba ne. A 1864 Ingila ta girke runduna a bakin kogin Pra da nufin tunkarar Asante, atuni da zazzaɓi suka tarwatsa ta ba tare da an gwabza ba. Da kwamandan Ingila Garnet Wolseley ya zo a 1873 sai ya shirya yaƙinsa a kan wannan darasi. Ya sa aka share hanya daga Cape Coast zuwa Praso, aka kakkafa zango-zango da bukkoki da tataccen ruwa, aka tanadi kwinin, aka ajiye jirgin ruwan jinya a gaɓar teku, aka tsara cewa sojan Turawa su shigo da rani su fita kafin damina ta kankama. Ranar 31 ga Janairu 1874 aka yi karo a Amoaful, ranar 4 ga Fabrairu suka shiga Kumasi, suka ƙone ta suka juya. A Ingila har an kira shi yaƙin injiniyoyi da likitoci. Duk da haka waɗanda cuta ta kashe musu sun fi waɗanda aka harbe yawa.

Akwai abin lura game da raunukan wannan yaƙi. Bindigogin Asante irin na ɗuri ne, ana cusa musu guntayen darma da ƙarfe har da tsakuwa, albarushin kuma ba mai ƙarfi ba. Saboda haka Turawa da yawa sun ji rauni amma kaɗan suka mutu. A ɗaya ɓangaren kuwa bindigogi masu ɗurin baya ne da igwa, kuma Hausawa ne ke harba igwar. Wannan ba abin da za mu ɓoye ba ne don muna zaune a garin da aka ƙone. Mai raunin Asante ba shi da jirgin jinya. Dubban 'yan dako, maza da mata, da suka ɗauki kaya da majinyata a ka, su ne ainihin motar asibitin wannan runduna, kuma ba domin lafiyarsu aka yi tanadin ba. Haka aka maimaita a Gabashin Afirka lokacin yaƙin duniya na ɗaya, inda aka kai rundunar Gold Coast, wato Ghana ta yau, a 1916: dubun-dubatar 'yan dako 'yan Afirka suka mutu da yunwa da atuni da zazzaɓi.

A ƙasar Bama (Burma) ne, lokacin yaƙin duniya na biyu, kakanninmu suka ga sauyi da idonsu. Runduna ta 81 da ta 82 ta Afirka ta Yamma sun yi yaƙi a kwarin Kaladan da yankin Arakan, suka kama Myohaung a Janairun 1945. Shi ya sa ake da Burma Camp a Accra, kamar yadda barikin Uaddara na nan Kumasi ya ɗauko sunansa daga wani fagen yaƙi a Habasha. Janar Slim, kwamandan yaƙin Bama, ya ce a 1943 duk soja ɗaya da aka kwashe saboda rauni, an kwashe 120 saboda rashin lafiya. Maganin zazzaɓin cizon sauro akwai shi, wata ƙwaya mai rina fata ta yi rawaya, amma sojoji na ƙin sha saboda jita-jitar cewa tana kashe mazakuta. Slim bai bar wa likitoci maganar ba. Ya mai da ita aikin kwamanda: a riƙa gwada sojoji ba zato, bataliyar da aka samu ba ta sha, a sauke shugabanta. Kafin ƙarshen yaƙin adadin marasa lafiya ya faɗi warwas. Asibitin soja na 37 da ke Accra ma ɗan wannan yaƙi ne, a 1941 aka buɗe shi.

Yanzu mu zo kan shi kansa raunin, domin akwai masu binciken da suka ƙare rayuwarsu a kan tambaya ɗaya: me harsashi ke yi bayan ya shige fata? Tun a shekarun 1870 Theodor Kocher, likitan tiyata a Suwizalan, ya riƙa harbin gwangwanaye. Wanda babu komai a ciki, harsashi kan huda shi ya wuce. Wanda ke cike da ruwa kuwa fashewa yake yi. Jikin mutum galibinsa ruwa ne, nan ne asirin yake. Ɓarnar harsashi ta fi dogara ga gudunsa fiye da nauyinsa: in aka ninka gudun sau biyu, ƙarfin da yake ɗauke da shi kan ninka sau huɗu. Harsashin AK-47 na fita da gudun kusan mita 700 a daƙiƙa ɗaya. Idan ya shiga nama yana yin rami iri biyu. Akwai hanyar da ya yanka da jikinsa, wadda za ta zauna. Akwai kuma wani kogo da ke buɗewa kewaye da hanyar, ya fi harsashin faɗi sau da yawa, ya rufe cikin ƙiftawar ido, yana zuƙo ƙura da zaren tufa zuwa ciki. Tsoka da huhu kamar salka suke, su buɗe su koma; hanta da ƙwaƙwalwa kuwa kamar tulu suke, ba sa miƙewa sai dai su fashe. In harsashin ya wuntsila a ciki, ko ya tarwatse, ko ya daki ƙashi ya mai da ɓarɓashin ƙashin ƙananan makamai, ɓarnar ta ninka.

Shi ya sa ƙanƙantar bakin rauni ba ta nuna komai. Shi ya sa kuma ciro harsashin ba shi ne aikin farko ba, duk da fina-finai sun sa mutane na ganin da an ji ƙararsa cikin kwano an warke. Shugaban Amurka James Garfield, da aka harbe a Yulin 1881, ya yi fiye da wata biyu likitoci na laluben harsashi a jikinsa da yatsun da ba a tsabtace ba, a watan Satumba ya mutu da ciwon da ya ruɓe. Mutane da yawa suna yawo lafiya lau da harsashi a jikinsu. A shekarun 1980 wani likitan sojan Amurka, Martin Fackler, da ya yi ta harbin daskararren sinadari mai taurin nama yana aunawa, ya ja kunnen abokan aikinsa daga ɗaya gefen: tsoron wancan kogon ya sa wasu na yanke naman da zai iya farfaɗowa. Ya ce a dubi ciwon da ke gabanka, kada a yi tiyata da sunan bindigar.

Wannan ilimi fuska biyu gare shi, domin mai ƙera makami ma yana karanta shi. A shekarun 1890, a masana'antar Dum Dum kusa da Kalkata, Ingila ta ƙera harsashi mai laushin baki wanda ke bajewa cikin jiki. A taron Hague na 1899 ƙasashe suka haramta irinsa, Ingila da Amurka suka ƙi amincewa a lokacin. Hujjar wakilin Ingila, Sir John Ardagh, ita ce wai sojan da ya waye in an harbe shi yakan kwanta ya jira a ɗauke shi, amma mutanen da suke yaƙa a ƙasashen mallaka ba sa tsayawa sai da harsashi mai ragargazawa. Jikin irinmu yake nufi. Duk lokacin da na karanta tarihin wannan fanni, ba na mantawa cewa an taɓa zama a teburi ana auna wane jiki ne ya cancanci sassauci.

Yaƙin duniya na ɗaya shi ya tilasta a fuskanci ruɓewa. Gonakin Faransa da Beljiyam ƙasa ce da ta sha taki shekaru aru-aru, cike da ƙwayoyin tatanas, cutar nan mai sarƙe haƙora, da masu sa nama ya yi baƙi ya riƙa fitar da iska. Ɓaraguzan bam na tura wannan ƙasa can cikin tsoka. Likitoci suka gane cewa ɗinke irin wannan ciwo nan take kisa ne. Sai a buɗe shi, a yanke duk mataccen nama, a wanke, a bar shi a buɗe na kwanaki, in ya yi ja mai kyau sannan a ɗinke. Har yau ƙa'idar ke nan, zuwan fenisilin a yaƙi na biyu bai soke ta ba. A yaƙi na ɗayan ne kuma, a 1917, wani likita mai suna Oswald Robertson ya fara adana jini a kwalabe cikin ƙanƙara domin a ƙara wa mai rauni da zarar ya iso.

Amma labarin da ya fi ƙayatar da ni a wannan yaƙi na ƙashin cinya ne. A farkonsa, cikin sojoji 100 da harsashi ya karya wa cinya kusan 80 ke mutuwa, domin ana jijjiga su a hanya, bakin ƙashi na yankan nama da jijiya. Akwai wani ƙarfen ɗori da Hugh Owen Thomas ya ƙera tuntuni, shi kuwa ɗan gidan masu ɗori ne na gado a Wales. Daga 1916 Robert Jones, wanda a hannunsa ya tashi, ya sa aka baza ƙarfen a fagen daga, aka horar da masu ɗaukar majinyata har suna iya ɗaura shi ido a rufe. Mace-macen suka sauko ƙasa da 20 cikin 100. Ba sabon magani aka gano ba, ba kuma ƙarin likitoci aka kawo ba. Hannun da ya fara taɓa mai rauni aka koya wa aiki.

Daga nan sai tseren rage tazara. A yaƙin Koriya aka shigo da jirgi mai saukar ungulu da asibitin tanti kusa da daga, aka fara ɗinke jijiya maimakon ɗaure ta a bar ƙafa ta mutu. Yanke gaɓa bayan raunin babbar jijiya ya sauko daga kusan rabi a yaƙin duniya na biyu zuwa kimanin kashi 13 cikin 100. A 1966 wani rahoton masana a Amurka ya girgiza ƙasar da cewa sojan da aka harba a fagen yaƙi ya fi wanda mota ta kaɗe a titin gida damar tsira. Tsarin motocin agajin gaggawa na zamani daga nan ya samo ƙarfi.

Duk da jiragen, mutane na ci gaba da mutuwa kafin jirgi ya sauka. Ɗaurin tsayar da jini, wanda ake murɗawa a saman rauni a hannu ko ƙafa, tsohon abu ne, amma ya yi baƙin jini a yaƙin duniya na ɗaya saboda ana barin sa awoyi masu yawa har gaɓa ta mutu. Aka yi kusan shekara 80 ana koyar da cewa kada a taɓa shi sai in babu makawa. Bayan artabun Mogadishu na 1993, likitocin sojan Amurka suka sake duba lamarin, a 1996 Frank Butler da abokansa suka fitar da sabon tsari da ya sa tsayar da jini a gaban komai, daga 2005 aka fara ba kowane soja ɗaurinsa a aljihu. Wani bincike da ya duba gawarwakin sojoji 4,596 da suka mutu a Iraƙi da Afghanistan tsakanin 2001 da 2011 ya nuna kashi 87 cikin 100 sun mutu ne kafin su isa wurin tiyata. Kusan ɗaya cikin huɗu na waɗannan, raunin nasu irin wanda ake iya tsira ne, kuma tara cikin goma na wannan rukuni jini ne ya kashe su. Wannan fa rundunar da ta fi kowace kuɗi a duniya ke nan.

To ina muke? A Ghana haɗarin mota na cin rai sama da 2,000 a kowace shekara, ga masu babur da masu babur mai ƙafa uku, wato pragya na fasinja da aboboya na kaya, da ke ƙaruwa kullum. A 1998 Charles Mock da abokan aikinsa na nan Kumasi suka wallafa kwatancen birane uku. Cikin manya 100 da suka ji mummunan rauni, 35 ke mutuwa a Seattle ta Amurka, 55 a Monterrey ta Meksiko, 63 a Kumasi. Waɗanda suka mutu tun kafin asibiti kuwa 21 ne a Seattle, 40 a Monterrey, 51 a nan. A ɗebe wannan daga wancan a gani: kusan dukkan ratar da ke tsakaninmu da Seattle a hanya take, ba a ɗakin tiyata ba. Alƙaluman sun tsufa, an kuma samu ci gaba. Bayan bala'in filin wasa na Accra ranar 9 ga Mayu 2001, inda mutum 126 suka rasu, an kafa hukumar motocin agajin gaggawa a 2004, a 2020 aka rarraba motoci 307, ga lambar kira 112. Amma duk wanda ke bin hanyar Techiman ko ta Accra ya san cewa mafi yawan masu rauni har yau a tasi ko trotro, wato bas ɗin haya, ko bayan aboboya suke isa Gee.

Kowa ya taɓa ganin yadda abin ke faruwa. An kaɗe mai babur a bakin titi, kafin ka ce kwabo mutum talatin sun kewaye shi. Wani na kwarara masa ruwan leda a ka, wata baiwar Allah na cewa, "Sannu ɗana, ka yi salati," wani na ihun a ba shi ruwa ya sha. Matasa huɗu su kama hannuwa da ƙafafu su ɗaga shi, kai na reto, karyayyar ƙafa na lilo, a naɗe shi a kujerar bayan tasi, direba ya danna oda ya fizgi mota. Jinin da ke tsartuwa daga cinyarsa ba wanda ya danne, an dai yafa masa zane. Babu mugu ko ɗaya a cikin mutanen nan. Tausayinsu na gaske ne, sun bar sana'arsu, sun ɓata tufafinsu da jini, direban ma sau da yawa ba ya karɓar ko sisi. Abin da ba su da shi, awa shida ta isa a ba su.

Ba da ka na faɗi awa shidan ba. Tsakanin 1998 da 2000, masu binciken nan sun horar da direbobin haya 335 a ƙasar nan, darasin awa shida, na gwadawa da hannu ba na karatu ba, kuɗin kowane mutum bai kai dala biyar ba. Da aka bi sawunsu daga baya, tsayar da jini a wurin haɗari ya tashi daga kashi 4 zuwa 42 cikin 100. A ƙauyukan Kambodiya da arewacin Iraƙi, inda nakiyoyin da aka binne ke tsinke ƙafafun manoma kuma babu jirgi babu motar asibiti, likitan Norway Hans Husum da abokansa sun horar da ma'aikatan lafiya na ƙauye da dubban talakawa, mace-macen masu rauni suka sauko daga kusan kashi 40 zuwa kusan 15.

Abin da ake koyarwar ba mai wuya ba ne. Ka naɗe ƙyalle mai tsabta, ɗankwali ko rawani ko riga, ka danna a kan inda jinin ke fita da dukkan nauyinka, kada ka riƙa ɗagawa kana leƙawa. In ramin mai zurfi ne ka cusa ƙyallen ciki ka danne. In hannu ne ko ƙafa kuma jinin ya ƙi tsayawa, ka sami ƙyalle mai faɗin yatsu uku, ba waya ba, ba siririyar igiya ba, ka ɗaura sama da ciwon ta wajen gangar jiki, ba a kan gwiwa ba, ka sa sanda ko sifana ka murɗa har jinin ya tsaya cak. Zai yi ihu, domin da zafi. Kada ka sassauta. Ka rubuta lokacin da ka ɗaura, ko a goshinsa ne da biro. Wanda ya suma yana numfashi a juya shi ta gefe, kai da wuya da gangar jiki su juya tare. A lulluɓe shi, domin jinin da ya yi sanyi ba ya daskarewa da kyau. Kada a ba shi ruwa ko da yana roƙo.

Maganar rubuta lokaci ba ƙawa ba ce. Yaƙin Yukiren ya tuna wa likitoci dalilin da ya sa magabata suka tsani ɗaurin nan. Jirage marasa matuƙa sun hana kwashe masu rauni da wuri, wasu na kwana da ɗauri a ƙafa, an kuma yanke gaɓoɓi da yawa waɗanda tun farko dannawa kawai suke buƙata. Ƙasa da awa biyu gaɓa kan tsira. In aka zarce haka hatsarin na ƙaruwa da kowace awa. Mu da ba mu da jirgin ɗauka, halinmu ya fi kusa da na Yukiren fiye da na sojan Amurka a Iraƙi, don haka duk wanda zai koya mana ɗauri dole ya koya mana lokacin da ba a yin sa, ya kuma koya wa ma'aikatan ƙananan asibitocin kan hanya yadda ake sauya shi da dannawa.

Ba na adawa da manyan gine-gine. Asibitin soja mai gado 500 da aka fara ginawa a Afari, kusa da Kumasi, tun 2014, an daɗe ana jiransa, kuma yankin nan na buƙatarsa. Sai dai gado ba ya amfanar wanda ya cika tun a hanya, a Offinso. Muna da ma'aikatan jinya na soja a barikin Uaddara waɗanda wannan shi ne karatunsu, wasunsu sun yi aikin wanzar da zaman lafiya a ƙasashen waje. Muna da tashoshin Kejetia da Asafo da Aboabo da Tafo, kowace da shugabanninta da direbobi ke jin maganarsu, ga ƙungiyoyin matasan zango da 'yan agajin masallatai da ke da horo da biyayya. Ƙungiyar direbobi na iya mai da darasin sharaɗin sabunta katin ɗan ƙungiya, a haɗa da yaran mota da masu pragya, a maimaita duk shekara biyu domin hannu na mantuwa. Akwai kuma abin da sai hukuma: direbobi da yawa na tsoron cewa in sun kai mai rauni za a riƙe su da tambayoyi, ko a ɗora musu kuɗin kati, ko ma a ce su suka kaɗe shi. Sai 'yan sanda da shugabannin asibitoci sun fito sun faɗa a tasha, da Hausa da Twi, cewa wanda ya kawo mai rauni zai ba da suna da lambar waya ne kawai ya koma bakin aikinsa.